An kai ni ƙara kan cekin da banki ya mayar, ta ina zan fara kare kaina?

Ɗan kasuwar riɗi, Kano:

Assalamu alaikum. Ina neman shawarar masana shari'a da ma'aikatan banki da ke wannan zaure, domin al'amarin da ya taso mini ya fi ƙarfin sanina, kuma lokaci yana ƙurewa.

Ina sayen riɗi a kasuwar Dawanau ina kai wa masu fitar da shi ƙasashen waje, kuma ina yin harkar ne da sunan wani ƙaramin kamfani da na yi wa rajista. A kakar bara na karɓi buhu 60 a hannun wani babban ɗan kasuwa da muka daɗe muna hulɗa, a kan naira dubu 150 kowane buhu, jimla naira miliyan 9, bisa alƙawarin zan biya cikin wata biyu. Ya nemi in ba shi cek ya ajiye, sai na rubuta masa cekin kamfanin na miliyan 9 cif, na sa kwanan watan ranar da wa'adin zai cika. Mun yi magana baki da baki, a gaban dillalin da ya haɗa cinikin, cewa cekin jingina ne kawai, ba zai kai shi banki ba sai ya sanar da ni.

Kafin wa'adin ya cika na tura masa miliyan 4 ta banki, a karo biyu. Da aka buɗe buhunan a sito sai aka tarar guda takwas an gauraya su da yashi, mai sayen ya ƙi karɓarsu, kuma a ranar na ɗauki hotunansu na tura wa wanda ya sayar mini da su ta WhatsApp, na ce ya aiko a kwashe abinsa. Har yau suna nan a ajiye. A lissafina abin da ya rage masa a kaina miliyan 3 da dubu 800 ne, ban kuma taɓa musanta su ba. Jinkirin ya zo ne saboda ni ma ba a gama biyana ba.

Mako biyu bayan cikar wa'adin ya kai cekin banki ba tare da ya gaya mini ba, banki ya mayar da shi saboda kuɗin da ke asusun ba su kai ba. Yanzu an kawo mini takardun Babbar Kotun Jiha, yana neman miliyan 9 gaba ɗaya da kuɗin ruwa kashi 20 cikin ɗari, ya haɗa ni da kamfanin a ƙarar, kuma a cikin takardun akwai rantsuwar da ya yi cewa ba ni da wata kariya. Ya kuma aiko mini cewa zai sa 'yan sanda su kama ni. Shin cekin da na sa wa hannu ya rufe mini baki ne, ko kotu za ta saurari batun kuɗin da na biya da kayan da aka gurɓata? Kuma shin bashi irin wannan yana kai mutum gidan yari?

Lauya mai zaman kansa, Kano:

Wa alaikumus salam. Alhaji, kafin komai ka buɗe takardun nan yau ka duba abu biyu: ranar da aka miƙa maka su, da ranar da aka sa za a saurari ƙarar. Rantsuwar da ka ambata, wadda mai ƙara ya ce ba ka da kariya, ita ce alamar cewa ya bi gajeriyar hanyar da dokokin manyan kotuna suka tanada don bashin da adadinsa sananne ne, inda alƙali zai iya yanke hukunci a kan takardu kaɗai, ba tare da an kira shaida ko ɗaya ba. A wannan hanya wa'adin mayar da martani gajere ne ƙwarai, a wasu kotunan kwana biyar ne kafin ranar zama, kuma kowace jiha da nata ƙa'idar. Yawancin waɗanda na ga an kayar da su a irin wannan shari'a suna da abin faɗa, amma sun tsaya neman a roƙi mai ƙara har ranar ta zo ba su shigar da komai ba. Ka nemi lauya a wannan makon, ko da kana da niyyar sulhu.

Game da cekin kuwa, gaskiya ne yana da nauyi. Dokar da ke kula da shi ita ce dokar takardun biyan kuɗi ta tarayya, wadda ke Babi na B8 a kundin dokokin 2004, kuma sashe na 30 nata ya ce duk wanda sa hannunsa ke jikin takardar ana ɗauka ya sa ne a madadin wani abu mai daraja da ya karɓa. Ma'anar wannan a aikace ita ce mai ƙara ba ya bukatar ya fara tabbatar da cinikin riɗi. Ya isa ya nuna cekin da shaidar cewa banki ya mayar da shi, sai nauyi ya koma kanka ka bayyana dalilin da zai hana ka biya. Alƙalai suna kallon cek kamar tsabar kuɗi. Amma wannan zato ne da ake iya rushewa da hujja, musamman da yake wanda ka ba cekin shi ne ya kai ka ƙara. Da ya miƙa shi ga wani mutum na uku wanda ya karɓa da zuciya ɗaya, ya ba da wani abu a madadinsa, bai kuma san rigimarku ba, da kusan duk abin da zan faɗa a ƙasa bai yi maka amfani a kan wannan mutumin ba.

Hujjarka mafi ƙarfi ita ce miliyan 4 da ka tura. Ba wanda doka ta ba damar karɓar bashi ɗaya sau biyu, kuma mai ƙarar da ya rantse yana binka miliyan 9 alhali ya karɓi 4 ya raunana amincin rantsuwarsa da kansa. Sai dai ka shirya wa amsar da galibi ake bayarwa, wato cewa kuɗin na wani tsohon ciniki ne dabam, tunda kun daɗe kuna hulɗa. Don haka bai isa ka nuna kuɗi sun fita daga asusunka ba, sai ka ɗaure su da wannan cinikin: abin da ka rubuta a gurbin bayani lokacin turawa, saƙon da ka aika masa bayan turawar, amsar da ya ba ka, da littafin cinikinka da ke nuna babu wani bashi tsakaninku a lokacin.

Batun buhu takwas yana tsakiya. Idan abin da aka ba da cek dominsa bai samu ba gaba ɗaya, wannan cikakkiyar kariya ce. Idan wani ɓangare ne bai samu ba, kotu tana karɓa matuƙar ana iya ƙididdige kuɗinsa daidai, kuma naka ana iyawa, takwas sau dubu 150, miliyan 1 da dubu 200. Abin da ya taimake ka shi ne ka sanar da shi nan take cewa ka ƙi kayan, ba ka kuma sayar da su ba. Kada ka taɓa su, kada ka tankaɗe su, kada ka canza musu buhu, domin da zarar ka yi musu abin da mai kaya ke yi wa kayansa za a ce ka karɓa. Amma idan kana tunanin neman diyyar ribar da ka rasa ko zubewar mutuncinka a wurin mai saye, wannan ƙara ce ta daban da za ka iya shigarwa a cikin shari'ar, ba ta dakatar da biyan cek.

Maganar jingina ita ce mutane suka fi dogara da ita, ni kuwa ita na fi jin tsoro. Sashe na 21 na dokar takardun biyan kuɗi ya yarda a nuna cewa an miƙa takardar ce bisa sharaɗi ko don wata manufa ta musamman, tsakanin mutanen da suka yi hulɗar kai tsaye. Matsalar ita ce cek umarni ne a rubuce, marar sharaɗi, kuma Dokar Shaida ta 2011 ba ta sakin hanya cikin sauƙi ga maganar baka ta sauya abin da ke rubuce. Ko da dillalin ya tsaya maka, alƙali zai tambaya: jingina don me, in ba don a yi amfani da ita ranar da aka kasa biya ba? Wa'adi ya cika, akwai sauran kuɗi. Ka faɗe ta domin gaskiya ce, tana kuma bayyana dalilin da ya sa cekin ya fi bashin yawa, amma kada ka gina shari'arka a kanta. Haka ma cewa ba a sanar da kai an mayar da cekin ba: doka ta ɗauke wa wanda aka ba cek wannan nauyi idan rashin kuɗi a asusun ne ya jawo.

Sai batun wanda aka kai ƙara. Idan kamfaninka cikakken kamfani ne mai iyakantaccen alhaki, irin wanda sunansa ke ƙarewa da Limited, to a ƙarƙashin dokar kamfanoni ta 2020 shi mutum ne mai zaman kansa a idon doka, kuma idan da sunansa aka yi cinikin, cekin nasa ne, ka sa hannu a matsayin darakta, ba ka kuma rubuta cewa ka tsaya masa ba, lauyanka zai iya neman a cire sunanka. Idan kuwa sunan kasuwanci kawai ka yi wa rajista a hukumar rajistar kamfanoni, wato CAC, kai da shi abu ɗaya ne. Ka duba takardar rajistar, domin 'yan kasuwa da yawa suna kiran duka biyun kamfani.

Kuɗin ruwa na kashi 20 ba ya tabbata don an rubuta shi a takardar ƙara. Sashe na 57 na dokar takardun biyan kuɗi ya ba wanda ke riƙe da cek damar neman ruwa daga ranar da aka gabatar da shi, amma adadin yana hannun kotu, kuma wanda ya ce an yi yarjejeniyar wani kaso, ko al'adar kasuwar ce, shi zai kawo hujja.

Duk wannan zai shiga takardar rantsuwarka ne, kuma a nan ake cin shari'ar ko a faɗi. Rantsuwar da ta ce "ba ya bina komai" ko "ina da kariya mai kyau" ba ta da amfani. Kotu tana son kwanan wata, adadi, lambar turawa, da takardu a maƙale. Ba a bukatar ka tabbatar za ka yi nasara, ana bukatar ka nuna akwai saɓani na haƙiƙa da sai an ji shaidu za a warware shi. Shawarata ita ce ka amsa miliyan 3 da dubu 800 a fili, ka yi jayayya a kan sauran. Mai yiwuwa ne a yanke hukunci nan take a kan abin da ka amsa, a tura ragowar zuwa cikakkiyar shari'a, kuma wannan ya fi maka alheri nesa ba kusa ba a kan ka musanta komai a kama ka da saƙonninka.

Tsohuwar ma'aikaciyar banki, Kaduna:

Barista ya gama magana a kan doka, ni zan ƙara abin da na sani daga bayan kanta. Alhaji, ka sa lauyanka ya nemi ganin dalilin da banki ya rubuta lokacin da ya mayar da cekin, domin ba duk mayarwa ce ɗaya ba. Akwai wadda ake yi saboda sa hannu bai yi daidai da wanda ke fayil ba, ko adadin da aka rubuta da kalmomi ya saɓa da na lambobi, ko an yi gyara ba a sa hannu a kai ba, ko kwanan watan bai zo ba, ko cekin ya tsufa, wato ya wuce wata shida daga ranar da ke jikinsa. Akwai kuma wadda ake rubuta haruffan DAR ko a ce a koma wa mai asusun, kuma a bakin ma'aikatan banki wannan yawanci lafazi ne mai ladabi na cewa kuɗi ba su isa ba. A ƙarar neman kuɗi bambancin bai cika sauya komai ba, tunda bashin yana nan, amma a ɓangaren laifi yana da muhimmanci sosai.

Ka kuma dubi hoton cekin da kyau, gaba da baya, ka gwada shi da guntun da ya rage a littafin cekinka. Ka ce kai ka cike komai da hannunka, to madalla. Na sha ganin waɗanda suka sa hannu a farin cek suka miƙa, wanda ya karɓa ya cike adadi da kwanan wata yadda ya ga dama. Doka ta ce dole a cike shi daidai da izinin da aka bayar, amma tabbatar da iyakar izinin da aka bayar da baki aiki ne ja. Idan kuma aka sauya adadi ko kwanan wata bayan ka sa hannu ba da yardarka ba, wannan yana iya ɓata cekin. Sai dai duk wanda zai ce an yi jabun sa hannunsa ya sani cewa zargin laifi ne, kuma ko a ƙarar neman kuɗi sai an tabbatar da shi ba tare da wata shakka ba.

Game da miliyan 4, kada ka tsaya a hoton allon waya ko saƙon da banki ke turowa. Ka je reshenku ka nemi cikakken bayanin asusu na watannin, mai hatimi da sa hannu, ka kuma gaya musu kotu za a kai, domin sashe na 84 na Dokar Shaida yana neman takardar shaida a kan duk abin da aka fitar daga kwamfuta, kuma saƙonnin WhatsApp da hotunan buhunan ma sun shiga wannan hukunci. Wayar da saƙonnin ke ciki ka adana ta, kada ka sayar, kada ka goge hirar ko da akwai maganar da ba ta yi maka daɗi a ciki.

Abu na ƙarshe, kada ka sake rubuta masa wani cek don ka kwantar da rigimar sai kuɗin suna zaune a asusun. Babban Bankin Najeriya ya umarci bankuna su kai rahoton masu yawan ba da cekin da ba kuɗi, wanda ya maimaita har sau uku ana iya karɓe littafin cekinsa a kuma sa sunansa a rajistar masu matsalar bashi, abin da zai toshe masa rance na shekaru. Ga ɗan kasuwar da ke bukatar jari kowace kaka, wannan hasara ce da ta fi ta shari'ar nan.

Dattijo mai shago a Kantin Kwari:

Ɗana, ni na fi zama a ɗaya gefen, wato gefen wanda aka ba cek ya je banki aka dawo masa da shi, saboda haka ka yi haƙuri da abin da zan faɗa. Mutumin nan bai kyauta ba da ya nemi miliyan 9 bayan ya karɓi 4, kuma rantsuwa a kan abin da mutum ya san ba haka yake ba babban al'amari ne tsakaninsa da Allah. Amma shi ma da kuɗin mutane yake juyawa, manoma da 'yan ƙauye suna binsa, kuma tun kakar bara miliyan 3 da dubu 800 nasa suna hannunka. Cewa ba a biya ka ba uzuri ne, ba biya ba ne. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce jinkirin mawadaci zalunci ne, Alƙur'ani kuma a Suratul Baƙara, aya ta 280, ya ce a jinkirta wa wanda ke cikin ƙunci har ya samu sauƙi. Kai ka san a wane ɓangare kake, mu ba mu sani ba.

Abin da nake ba ka shawara shi ne ka bi maganar Barista ka shigar da takardunka a kan lokaci, sannan ka ɗauki dillalin nan da shugabannin 'yan riɗi na kasuwarku ku same shi, kana riƙe da wani abu a hannu, ko miliyan 1 ne, ba da baki kawai ba. A zauna a buɗe buhu takwas ɗin a gaban mutane, kowa ya ga yashin da idonsa, domin mai yiwuwa shi ma a ƙauye aka cuce shi bai sani ba. Idan kun fi son wurin hukuma, akwai cibiyar sasanci ta Babbar Kotun Kano, inda ake zaunar da masu rigimar kasuwanci a daidaita su, kuma abin da aka cimma ana iya kai shi gaban alƙali ya zama hukunci. Batun kuɗin ruwa kuwa, idan Musulmi ne, dattawa su tuna masa. Na ga mutane da yawa sun janye wannan da kansu da zarar an faɗa musu a gaban jama'a, domin galibi lauya ne ya sa, ba su ba. Duk abin da kuka yanke a rubuta shi, kamar yadda aya ta 282 ta yi umarni tun farko.

Lauya mai shari'o'in laifi, Abuja:

Ina tare da abokin aikina a kusan komai, sai dai ina ganin an bar tambayar gidan yari ba a amsa ba, kuma ita ce mafi haɗari. Gaskiya ne bashi zalla ba laifi ba ne. Sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 da sashe na 8 na dokar gudanar da shari'ar laifuka ta 2015 sun hana a kama mutum saboda saɓa yarjejeniya kawai, kotuna kuma sun sha nanata cewa 'yan sanda ba masu karɓar bashi ba ne. Amma cek yana da dokarsa ta musamman tun 1977, wadda ke Babi na D11, kuma ita ta mayar da shi laifi mutum ya karɓi kaya ko bashi ta hanyar cekin da aka gabatar cikin wata uku daga kwanan watan da ke jikinsa, banki ya mayar saboda babu kuɗi ko ba su isa ba. Hukuncin mutum shekara biyu ne a gidan yari ba tare da zaɓin tara ba, kamfani kuwa tarar da ba ta gaza naira 5,000 ba, kuma daraktan da aka yi abin da saninsa ana iya tuhumarsa shi ma, don haka katangar kamfani da ke iya kare ka a ƙarar kuɗi ba ta kare ka a nan. Dokar ta kuma haɗa da cekin da aka bayar don sauke wani nauyi na yarjejeniya. A shari'ar Abeke ta 2007 Kotun Ƙoli ta tabbatar da ɗauri a ƙarƙashin wannan doka. Naka an gabatar da shi mako biyu bayan kwanan watansa, wato yana cikin wa'adin.

Kariyar da dokar ta bayar ita ce ka gamsar da kotu cewa lokacin da ka ba da cekin kana da dalili mai ma'ana na yarda cewa za a biya shi, kuma ka yarda da hakan a zuciyarka. Takardar odar da mai sayen riɗin ya ba ka, ranar da ya yi alƙawarin biya, yadda kuɗi suka saba shiga asusun, da miliyan 4 da ka biya kafin wa'adi, duk suna nuna mutumin da ya yi niyyar biya. A nan ne nake jan hankalin duk wanda zai rubuta maka rantsuwa: abin da ka rantse a ƙarar kuɗi ana iya ɗauko shi a shari'ar laifi, domin shari'o'in biyu suna iya tafiya tare. Jimla guda irin "mun san babu kuɗi a asusun, don haka na ce kada ya kai" tana iya taimakon maganar jingina ta kuma sare ƙafar wannan kariya. Ka faɗi gaskiya, amma lauya ɗaya ya riƙe ɓangarorin biyu ya auna kowace kalma.

Idan aka gayyace ka ofishin 'yan sanda ka je, tare da lauya da takardunka. Kada ka sa hannu a wata takardar alƙawarin biyan miliyan 9 don a sake ka, domin washegari za ta bayyana a gaban alƙalin ƙarar kuɗi a matsayin amsa bashi.

Ɗan kasuwar riɗi, Kano:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka wa kowa da alheri, Baba kuma na ji nasiharka, na karɓa. Na duba takardun, saura kwana goma sha ɗaya a zauna, kuma rajistar ta cikakken kamfani ce. A turawa ta biyu na rubuta "kuɗin riɗi", ta farko ban rubuta komai ba, amma ya amsa mini da saƙon murya cewa ya gani. Barista, idan aka yanke hukunci a kan abin da na amsa alhali ba ni da su a dunƙule, me zai biyo baya?

Lauya mai zaman kansa, Kano:

Kwana goma sha ɗaya ba su da yawa, Alhaji, domin idan ƙa'idar kwana biyar ce ta shafe ka, kwana shida ke gare ka, ciki har da na karɓo bayanin asusu daga banki. Saƙon muryar nan a rubuta abin da ya ƙunsa kalma da kalma, a fassara shi zuwa Turanci ta hannun wanda zai iya rantsuwa a kan fassarar, tunda da Turanci Babbar Kotu ke aiki.

Idan aka yanke hukunci, lauyanka zai iya roƙon kotu ta ba ka damar biya kashi-kashi, kuma roƙon ya fi karɓuwa idan ka bayyana kuɗin shigarka da gaskiya, ka kawo jadawalin da za ka iya cikawa, ka kuma fara ajiye wani abu. Idan ba a yi haka ba, mai ƙara yana da hanyoyi biyu da aka fi bi a ƙarƙashin dokar zartar da hukunci: ya sa kotu ta umarci bankunanka su riƙe kuɗin da ke asusun wanda hukuncin ya hau kansa su miƙa masa, ko ma'aikatan kotu su kwashe kaya a yi gwanjonsu. Umarnin riƙe asusu yakan isa banki kafin mai asusun ya ji labari, kuma yana iya faɗowa a tsakiyar kaka lokacin da kuɗin wani mai saye suka shigo. A nan ne cire sunanka daga ƙarar ke da amfani, domin hukuncin da ya hau kan kamfani kaɗai ba ya bin gidanka ko asusunka na kanka.

Ka kuma sani cewa hukuncin da aka yanke ta wannan gajeriyar hanya galibi ana ɗaukarsa hukunci ne na ƙarshe, alƙalin da ya yanke ba ya warware shi sai da dalili mai ƙarfi irin rashin isar da sammaci ko yaudara. Abin da ya rage shi ne ɗaukaka ƙara cikin wata uku, ita kuma ɗaukakawar ba ta dakatar da zartarwa sai an nemi umarni na musamman, wanda sau da yawa ake bayarwa da sharaɗin a ajiye kuɗin a kotu.

Idan sulhun da Baba ya kawo ya yiwu, a rubuta adadin da aka amince, ranakun biya, makomar buhu takwas, cewa biyan ya rufe duk wata da'awa a kan wannan cek, da cewa zai sanar da 'yan sanda a rubuce an daidaita idan ya riga ya kai ƙorafi, sannan a shigar da takardar gaban alƙali ta zama hukuncin yarda. A sa a ciki cewa zai dawo maka da ainihin cekin, ko ya miƙa shi ga magatakardan kotu, a ranar da ka biya kashi na ƙarshe, kuma kowane kashi ka tura shi ta banki da lambar ƙarar a gurbin bayani.